Tambaya da Amsa: Sai da Jagora Ake Zaga Tsohon Birnin Palermo?

A wannan watan wasiƙu uku suka iso mana a kan gari ɗaya, wato Palermo, babban birnin tsibirin Sisili da ke cikin Bahar Rum, saboda haka muka haɗa su wuri guda.

TAMBAYA: Assalamu alaikum, Malam. Ni ɗan kasuwa ne a Garwa, ina sayar da shadda da atamfa. Ɗana na fari yana karatu a jami'ar Palermo, kuma in Allah ya kai mu watan Yuli za a yi bikin kammala karatunsu. Ya aiko mini da takardar gayyata, na kai ofishin jakadancin Italiya a Yawunde, biza ta fito. Yanzu ya dage sai mun biya wani mutum ya zaga da mu tsohon gari a ƙafa har awa uku. Ni kuwa ina da ƙafa, ina da ido, yaron kuma ya shekara biyar a garin, to, na me za mu biya? Na biyu, na taɓa ji a majalisin wani malami cewa garin ya taɓa mallakar masallatai fiye da 300. Gaskiya ne, kuma zan gan su? Daga wani Alhaji a Garwa.

AMSA: Wa alaikumus salam, Alhaji. Allah ya sa wa karatun yaro albarka, ya kai ku lafiya ya komo da ku lafiya. Zan fara da tambayarka ta biyu, domin amsar ta farko tana cikinta.

Abin da ka ji gaskiya ne. Matafiyin nan Ibnu Hauƙal, wanda ya sauka a garin wajen shekarar 973, shi ne ya rubuta cewa masallatan birnin da unguwannin kewayensa sun haura 300. Sai dai bai kawo zancen don yabo ba. Kukansa shi ne kowane mai hali yana son a ce yana da masallacin kansa, har ya ga uba da ɗa kowa da nasa, ga su kusa da juna. Wanda ya san yadda wasu unguwanninmu suke, inda liman biyu kan ji kabbarar juna, zai yi murmushi a nan. Amma kada ka sa rai za ka ga ko ɗaya daga cikinsu a tsaye. Musulmi sun shiga tsibirin a 827, suka karɓi Palermo a 831, suka mayar da ita babban birni suna kiranta Balarm, har zuwa 1072 lokacin da Normawa, wasu mayaƙa Kirista da asalinsu arewacin Faransa ne, suka ci garin. Babban masallacin Juma'a, wanda dama coci ne kafin zuwan Musulmi, aka sake mayar da shi coci. Musulmi sun ci gaba da zama fiye da shekara ɗari bayan haka, wasu har da manyan muƙamai a fada, kafin zaman ya lalace, a yi tarzoma da tawaye, Sarki Firedirik na Biyu ya kwashe waɗanda suka rage tsakanin shekarun 1220 da 1240 ya kai su garin Lucera a can babban yankin Italiya. Gine-ginensu kuwa wasu an rushe, wasu an yi gini a kansu.

To, ka ga inda jagora yake da amfani. Garin da tarihinsa yake tsaye a fili, kamar fadar Lamido wadda kowa ya iso gari zai gan ta, ido kawai yake bukata. Palermo kuwa abin da kake nema a cikinta ya ɓuya ne cikin sunayen unguwanni, da karkacewar lunguna, da dutse ɗaya a jikin ginin da ba nasa ba. Misali mafi kyau yana ƙofar babbar majami'ar garin, wadda aka gina a 1185 a wurin da masallacin Juma'a yake a da. A shirayin da ake shiga ta gefen kudu, ginshiƙin farko na hannun hagu yana ɗauke da rubutun Larabci da aka sassaƙa, kuma aya ce ta 54 cikin Suratul A'araf. Dubban mutane suna wucewa ta gefensa kowace rana ba su ɗaga kai ba, kuma ba zan yi mamaki ba idan ɗanka, wanda hankalinsa yake kan jarrabawa, yana cikinsu. Zaman shekara biyar a gari yana koya wa mutum inda ake samun burodi mai arha da motar da ke zuwa jami'a, ba lalle ya koya masa wannan ba. Kai kanka da ka tsufa a Garwa, baƙo zai iya yi maka tambaya a kan tsohuwar tashar jiragen ruwa ta Binuwai ka tsaya kana sosa ƙeya.

Mafi yawan zagayen yana bin tsohon titin da ya tsaga gari daga tudu zuwa bakin teku, tsawonsa bai cika kilomita 2 ba. A taswira sunansa Vittorio Emanuele, amma 'yan gari har yau Cassaro suke ce masa, daga kalmar Larabci alƙasr, wato fada. A ƙarshensa na tudu akwai ƙofar gari mai suna Porta Nuova, kuma ina so ka tsaya ka dube ta daga waje. Za ka ga mutum-mutumin wasu ƙarti huɗu masu rawani suna ɗauke da ginin, biyu hannuwa a harɗe, biyu hannuwa a yanke. An yi su ne don tunawa da cin garin Tunis da Sarki Sharl na Biyar ya yi a 1535. Jagora nagari zai gaya maka wannan ba tare da kwana-kwana ba, wanda kuwa ya ga hularka ya ja ka kuka wuce da sauri, ka san irin wanda ka samu.

Daura da ƙofar akwai fadar sarakunan Normawa, inda majalisar dokokin yankin Sisili take zama yanzu, shi ya sa a ranakun zama akan rufe wasu ɗakunan. A cikinta akwai ƙaramin cocin fada da Sarki Roja na Biyu ya gina aka keɓe shi a 1140, kuma a nan ne mai kallo yake rikicewa. Saman bangon duka zanen Girkawa ne da aka jera da ƙananan gutsattsarin gilashi masu ruwan zinariya, amma rufin katako ne da aka sassaƙa rami-rami kamar saƙar zuma, irin aikin da magina Musulmi suke kira muƙarnas, da rubutun Larabci a kewaye. A jikin bangon waje kuma akwai allon dutse na 1142 da ke ba da labarin wani agogo da sarkin ya sa aka ƙera, an rubuta shi da Latin da Girkanci da Larabci. Wannan gauraye shi ne abin da hukumar UNESCO ta sa cikin kayan tarihi na duniya a 2015.

A nan nake so ka riƙe wata magana, domin masu zagayawa da baƙi sukan shafe ta, musamman idan sun ga baƙon Musulmi ne kuma suna son su faranta masa. Kusan duk ginin da za a nuna maka a ce na Larabawa ne, sarakuna Kirista ne suka gina shi bayan mulkin Musulmi ya faɗi, sai dai hannun da ya yi aikin da idon da ya tsara shi a makarantar Musulmi suka koya. Za ka ga cocin San Cataldo da na San Giovanni degli Eremiti da ƙubbobi ja zagayayyu, ka rantse masallatai ne, alhali a ƙarni na 12 aka gina su a matsayin coci, jan launin ma masu gyaran ƙarni na 19 ne suka shafa. Cocin Martorana da ke kusa, babban kwamandan jiragen ruwan Roja ne ya gina shi a 1143, mutumin da ya yi wa sarakunan Tunisiya aiki kafin ya ƙetaro, kuma daga laƙabinsa na amir ne Turawa suka samo kalmar da suke kiran shugaban sojan ruwa da ita. A ganina wannan gaskiyar ta fi ƙarya daɗi, domin tana nuna cewa waɗanda suka ci garin da takobi sun dubi ginin waɗanda suka ci, da lissafinsu, da tsarin ofisoshinsu, suka ga ba su da abin da ya fi shi.

Daga mararrabar Quattro Canti, inda manyan tituna biyu suka gitta juna, akan ratsa dandalin Pretoria, wanda ke da maɓulɓular ruwa cike da mutum-mutumi tsirara. 'Yan garin da kansu dandalin kunya suke ce masa, kai da ɗanka kuwa sai ku san inda za ku sa ido. Daga nan sai unguwar Lattarini, wato kasuwar masu turare da kayan ƙamshi, al'aɗɗarin, sai Kalsa, daga Alkhalisa, ganuwar da Faɗimiyawa, daular Musulmi da ke mulkin tsibirin a lokacin, suka gina wa gwamnansu a 937. Bama-baman 1943 sun yi wa wannan unguwa ɓarna ƙwarai, har yau akwai kangaye. Idan da sauran ƙarfi, washegari ku hau mota zuwa Zisa, gidan hutun sarki da aka fara ginawa a 1165, wanda sunansa daga Al'aziz yake. An tsara shi yadda iska za ta bi ta kan tafki ta shiga zaure, ruwa kuma yana gangarowa daga bango yana ratsa tsakar ɗaki, hikimar da mutumin da ya san zafin Garwa a watan Afrilu zai fi Bature gane darajarta.

Game da kuɗi, iri biyu ne. Akwai jagora mai lasisin hukuma, wanda yake rataye da katinsa, ana shirya farashi da shi tun kafin a tashi. Akwai kuma zagayen da ake tallatawa a intanet da sunan kyauta, wanda ba kyauta ba ne, a ƙarshe kowa yana ba da abin da ya ga dama, wanda ya juya ba tare da ya ba da kome ba kuwa ya ci haƙƙin mutum. Lissafin bai da wuya tunda kuɗinmu a ɗaure yake da nasu: yuro ɗaya sefa 656 ne in an cike, yuro 10 kusan sefa 6,560 ke nan. Kai ɗan kasuwa ne, ba sai na koya maka tambayar ko kuɗin shiga fada yana cikin farashin ba, galibi ba ya ciki. Ku nemi mai jin Faransanci, akwai su, kuma ku gaya masa tun farko cewa zamanin Musulmi kuka fi so ya tsaya a kai, in ba haka ba rabin lokacin zai tafi a kan cocin ƙarni na 17 da labarin 'yan Mafiya. Fatake na da ba su raina madugu ba ko da sun san hanya, saboda shi ya san rijiyar da ta ƙafe bana. Shawarata ka biya, amma ka shirya tambayoyinka tun daga gida. Ku fita da sassafe, domin zafin Yuli a can mai gumi ne, ba busasshe irin namu ba, wani lokaci kuma iska mai zafi takan taso daga Sahara ta ƙetare teku ta sauka a kansu. Ka sa takalmi mai rufi, duwatsun titin sun yi santsi saboda tsufa, ka bar babbar riga don ranar biki, fasfonka kuma ya kasance a jikinka, domin a dokar can kwafinsa bai isa ba.

TAMBAYA: Malam, barka da aiki. Ina cikin ƙungiyar mata 'yan kasuwa, kuma za mu je wani taro a Palermo. An rubuta a jadawali cewa za a zaga da mu kasuwa muna ɗanɗana abincin titi, sannan a shiga coci-coci. Me zan ci, me zan bari, kuma yaya batun sutura da salla? Daga wata Hajiya a Kusuri.

AMSA: Hajiya, barka kadai, Allah ya ba da sa'a. Kasuwar da za a kai ku ko dai Ballarò ce ko Capo, kuma ba za ki ji baƙunta ba, domin rumfuna ne a lungu, masu kaya suna rera kiran ciniki da iya ƙarfinsu, a Ballarò kuma za ki ga 'yan Afirka ta Yamma da 'yan Tunisiya da 'yan Bangaladash da shagunansu, har da mahauta masu yankan Musulunci.

Abin da za ki kiyaye shi ne abincin da idonki zai ce miki halal ne. Shahararren abincin titin garin, pani ca meusa, burodi ne da saifa da huhun maraƙi, sai mutum ya ce ai kayan ciki ne irin namu, alhali a cikin kitsen alade ake soya shi. Haka ɓawon cannoli, wani zaƙi da ake cusa wa cuku, a al'adance da kitsen alade ake kwaɓa shi, a zuba giya kaɗan. Arancina kuwa, dunƙulen shinkafa ce soyayya, amma cikinta ko niƙaƙƙen nama ne da ba ki san asalinsa ba, ko yankan naman alade da cuku. Ki haddace kalmomi uku: maiale shi ne alade, strutto kitsensa, vino giya. Ki gaya wa jagorar tun kafin a shiga kasuwa, ba sai an miƙo miki ba, sun saba da irin wannan tambaya kuma ba sa jin haushinta. Abin da ya rage miki ba kaɗan ba ne. Akwai panelle, wanda ake yi da garin wani irin wake da Larabawa ke kira hummus, ɗan'uwan ƙosai ne amma shimfiɗaɗɗe, ki dai tambayi man da aka soya shi. Akwai kifi iri-iri, da taliya da kifin sadin, da lemo da ɓaure da zaitun. Lemon ma yana cikin gadon da ake maganarsa, domin a zamanin Musulmi ne noman lemon tsami da rake da auduga ya bazu a kwarin da ya kewaye garin, ta hanyar magudanan ruwa na ƙarƙashin ƙasa da har yanzu akan shiga da masu kallo cikin wasunsu.

Sutura ba za ta ba ki wahala ba, domin dokar shiga coci a can ita ce a rufe kafaɗu da gwiwoyi, ke kuwa da lafayarki ko hijabinki kin wuce nan, masu gajeren wando ake tsayarwa a ƙofa. Hukuncin shiga don kallo kuwa magana ce ta malamai, sun yi saɓani a kai, ki tambayi malaminki kafin ki tashi. Idan zuciyarki ba ta kwanta ba, ki jira a waje, ba wanda zai tilasta ki, kuma ginshiƙin ayar da na ambata wa Alhaji a shirayi yake, ana ganinsa ba tare da an shiga ba. Akwai masallaci a cikin tsohon gari, ba nisa da babbar majami'a, wani tsohon coci ne da aka mayar masallaci a 1990, 'yan Tunisiya ke kula da shi. Ba za ki ji kiran salla a titi ba, saboda haka ki sa lokutan garin a wayarki.

TAMBAYA: Malam, ni ɗalibin tarihi ne. Malaminmu ya ce a Palermo aka rubuta sunayen garuruwan Kanem tun ƙarni na 12. Idan mutum ya je, akwai abin da zai gani na wannan? Daga wani ɗalibi a Injamena.

AMSA: Malaminku ya faɗi daidai, ɗalibi. Sarki Roja na Biyu ya gayyato Sharif Idrisi, haifaffen garin Sabta a gaɓar Maroko, ya zauna a fadarsa kimanin shekara 15 yana tattara bayanan ƙasashe, har ya kammala littafinsa Nuzhatul Mushtaƙ a 1154, tare da taswirar da ta sa kudu a sama, arewa a ƙasa, ta yadda mu ne a bisa kan Turai. A cikinsa ya ambaci Manan da Anjimi a ƙasar Kanem, Anjimi kuwa ita ce Njimi da sarakunan Saifawa suka zauna, ya kuma ambaci Zagawa da Kawar. Shi bai taka ƙasarmu ba, daga bakin fatake da littattafan magabata ya ɗauko, shi ya sa za ka ga ya haɗa kogunanmu da Nilu, amma sunayen sun isa kunnensa, wanda ke nuna cewa hanyar da ta tashi daga tafkin Cadi ta bi Kawar da Fezzan zuwa Tarabulus tana kai labari har ƙetaren teku.

Alaƙar ba ta tsaya nan ba, tana cikin zaurukan karatunmu. Wanda ya jagoranci rundunar Musulmi da ta shiga Sisili a 827 ba basarake ba ne, alƙalin Ƙairawan ne, Asad ɗan Furat, almajirin Imamu Malik, kuma a kan mas'alolin da ya tattara ne Sahnun ya gina Mudawwana. Annoba ta ɗauke shi a 828 yana kewaye da garin Sirakusa. Sannan cikin malamai huɗu da Shehu Khalil ya ce ya dogara da su a farkon Muhtasar, biyu nasabarsu ta wannan tsibiri ce, wato Ibnu Yunus Assiƙilli da Imam Almaziri, wanda ake danganta shi da Mazara, garin da rundunar ta fara sauka. Duk almajirin da ya kai Muhtasar a Marwa ko Abeshe ya riga ya ambaci Sisili ko bai sani ba.

Abin gani da ido kuwa kaɗan ne. Faifan azurfar da Idrisi ya zana wa Roja duniya a kansa ya ɓata tun a wancan ƙarni, tsofaffin kwafin littafin kuma suna ɗakunan karatu na Faris da Okisfod da Istambul, ba Palermo ba. Alkyabbar Roja mai rubutun Larabci da shekarar Hijira 528 a gefenta, mai hoton zaki ya danne raƙumi, tana birnin Biyana na ƙasar Ostiriya. Abin da ya rage shi ne fadar kanta, da wani ɗaki a sama da ake kira ɗakin Roja, bangonsa cike da zanen dabino da damisa da ɗawisu a kan zinariya. Idan Allah ya nufe ka da zuwa, ka bincika ranar da majalisa ba ta zama kafin ka sayi tikiti, domin ɗakin yana cikin sashen da akan rufe.